Ibrahim Yaro Yahaya da Tarihin Koyar da Rubutun Hausa

A jami'o'in ƙasar nan, idan aka zo auna aikin malami don a yi masa ƙarin girma, maƙalar da ya buga da Turanci a wata mujallar ƙasar waje ta fi littafin da ya rubuta wa 'yan sakandare nauyi a kan sikeli, ko da kuwa mutum goma ne suka karanta maƙalar, littafin kuma ya shiga hannun dubbai. Wannan ya sa masana da dama suke kallon rubuta littafin makaranta tamkar aikin neman kuɗin cefane, wanda ake yi a ɓoye idan albashi ya gaza. Wannan maƙala za ta waiwayi tarihin wani malami da ayyukansa suka nuna bai ɗauki abin haka ba, wato marigayi Farfesa Ibrahim Yaro Yahaya na Jami'ar Bayero ta Kano, wanda aka haifa a 1944, ya rasu a 1995. Abin da nake son mai karatu ya lura da shi shi ne, littattafan da ya rubuta wa aji da wanda ya rubuta kan tarihin adabi duk aiki ɗaya suke yi, wato share fage don a iya nazarin Hausa da Hausa.

Abin da ya tarar

Lokacin da Ibrahim Yaro ya shigo fage, a farkon shekarun 1970, Hausa ba ta rasa abin karantawa ba. Gasar da Hukumar Talifi ta shirya a 1933 ƙarƙashin Rupert East ta haifar da Ruwan Bagaja da Ganɗoki da Shaihu Umar da Idon Matambayi da Jiki Magayi. Magana Jari Ce ta biyo baya, jaridar Gaskiya Ta Fi Kwabo ta fara fitowa a 1939, hukumar NORLA ta buga littattafai masu yawa a shekarun 1950, sannan aka kafa kamfanin NNPC a Zariya a 1966. Akwai kuma ƙamusun Bargery na 1934 da na Abraham na 1949.

Giɓin yana wani wuri ne dabam. Kusan duk abin da aka rubuta game da harshen da adabinsa da Turanci aka rubuta shi, mafi yawa kuma Turawa ne suka rubuta wa 'yan'uwansu Turawa. Ɗalibi zai karanta Ruwan Bagaja ya yi dariya har da hawaye, amma idan aka ce ya ɗauki alƙalami ya bayyana dalilin da ya sa labarin ya yi armashi, sai ya tarar babu daidaitattun kalmomin da zai yi bayanin da su. Malamin da zai koyar da shi kuwa sau da yawa ba shi da wata shaida ta wannan fanni illa cewa shi Bahaushe ne, domin a makarantu da dama an ɗauka duk wanda ya sha Hausa a nono zai iya koyar da ita. Don cike irin wannan giɓi ne aka kafa Cibiyar Nazarin Harsunan Nijeriya a 1969 a Kwalejin Abdullahi Bayero, wadda a lokacin reshe ce ta Jami'ar Ahmadu Bello, kafin ta zama jami'a mai cin gashin kanta a 1977. A wannan cibiya Ibrahim Yaro ya yi aikinsa, har ya kai ga shugabantar ta.

Daga bakin kaka zuwa takarda

Da yara ya fara. A 1971 kamfanin Oxford University Press da ke Ibadan ya soma fitar da Tatsuniyoyi da Wasanni, littattafai shida a jere. Ba shi ne farkon wanda ya tattara tatsuniyoyin Hausa ba. Shekara sittin kafin nan, tsakanin 1911 da 1913, wani jami'in mulkin mallaka mai suna Frank Edgar ya buga manyan kundaye uku na tatsuniyoyi da labarai waɗanda malamai suka rubuta masa da ajami shi kuma ya mayar da su boko. To, amma Edgar ya yi nasa ne musamman don Turawa masu koyon Hausa, da wata irin ƙa'idar rubutu da yaron yau zai sha wuya kafin ya karanta. Ibrahim Yaro kuwa ya mayar wa masu abu abinsu: ya sa Gizo da Ƙoƙi a gaban ɗan firamare cikin daidaitaccen rubutu, ya haɗa da wasannin dandali, ta yadda yaro zai ga cewa abin da yake ji a bakin kakarsa da dare ya isa a buga shi a littafi a kuma shigo da shi aji.

Wannan aiki yana da tasa hasara, kuma bai kamata a ɓoye ta ba. Tatsuniya a takarda ta rasa muryar mai ba da ita, ta rasa tsamin bakin Gizo, ta rasa karin waƙar da ke tsakiyarta da amshin masu sauraro. Haka kuma da zarar an buga siga ɗaya ta tatsuniya, yara kan ɗauka ita ce ta gaskiya, ta garinsu kuma kuskure ce. Sai dai idan aka dubi yadda hirar dare ta ja baya a birane tun daga zuwan talabijin, za a ga da ba a rubuta ba da hasarar ta fi haka. Shi kansa bai tsaya ga tattarawa ba. Kundinsa na digiri na uku, wanda ya kammala a 1979, ya yi shi ne a kan yadda adabin baka yake tarbiyyar yaro Bahaushe tun daga ƙuruciya har ya shiga sahun manya. Wato dai abin da ya ba yara su karanta shi ne ya koma ya yi wa nazari mai zurfi.

A 1971 ɗin nan ne kuma NNPC ta buga Daren Sha Biyu, fassarar da ya yi wa wani wasan kwaikwayo na Shakespeare, labarin tagwayen da haɗarin jirgin ruwa ya raba, macen ta ɓad da kama ta shiga aikin fada a matsayin namiji. Haka nan sunansa yana cikin waɗanda suka taimaka wa Paul Newman da Roxana Ma Newman wajen haɗa Sabon Ƙamus na Hausa zuwa Turanci, wanda cibiyar ta fitar a 1977.

Hukunci daga Ikko, aiki a Kano

Abin da ya mayar da rubuta littattafan Hausa larura ba daga Arewa ya taso ba. Daga Legas ya taso, domin a wancan zamani can ne mazaunin gwamnatin tarayya, har zuwa Disamban 1991 da aka koma Abuja. A 1976 aka ƙaddamar da shirin ilimin firamare kyauta ga kowa, makarantu suka cika maƙil. A 1977 aka fitar da Manufar Ilimi ta Ƙasa, aka sake yi mata kwaskwarima a 1981, wadda ta tanadi a fara koyar da yaro da harshen uwa ko na yankin da yake zaune, kuma kowane ɗalibi ya koyi ɗaya daga cikin manyan harsuna uku, Hausa da Ibo da Yarabanci, ban da nasa. Tsarin mulkin 1979 ya ambaci waɗannan harsuna uku a matsayin waɗanda za a iya gudanar da aikin Majalisar Tarayya da su idan an yi tanadin da ya dace. Sabon tsarin karatu na 6-3-3-4 ya kankama a 1982, aka yi jarrabawar farko ta kammala babbar sakandare a 1988, hukumar WAEC mai shirya ta kuma a Yaba babban ofishinta na Nijeriya yake.

Ke nan ana zartar da hukunci a Legas, ana buga littattafai a Ibadan da Zariya, masu rubuta su kuma suna Kano da Zariya da Sakkwato. Manhaja ta ce a koyar da insha'i da auna fahimta da fassara da nahawu da adabin baka da rubutacce da al'adu. Da wane littafi? Amsar da Ibrahim Yaro ya bayar tare da Abdulƙadir Ɗangambo ita ce Jagoran Nazarin Hausa, wanda NNPC ta buga a 1986. Bayan shekara shida, a 1992, ya haɗa kai da M. S. Zariya da Sa'idu Muhammad Gusau da T. M. 'Yar'aduwa suka fitar da Darussan Hausa don Manyan Makarantun Sakandare, littafi na ɗaya zuwa na uku, a kamfanin University Press na Ibadan, magajin Oxford a ƙasar nan.

Ya kamata a tsaya kaɗan a kan insha'i, domin a nan ne wahalar aikin take. Kalmar daga Larabci ta zo, koyar da tsara rubutu kuma tsohon abu ne a wurin malamanmu. Alhaji Umaru, haifaffen Kano da ya zauna a Salaga ya rasu a Kete-Krachi ta ƙasar Gana a 1934, ya wallafa littafi da Larabci a kan yadda ake tsara wasiƙa, abin da fatake da sarakuna da alƙalai suke bukata. Amma insha'in makarantar boko wani abu ne dabam. Ana son yaro ɗan shekara goma sha biyar ya zauna cikin ƙayyadadden lokaci ya ba da labari, ko ya siffanta wani wuri, ko ya yi bayanin yadda ake wata sana'a, ko ya goyi bayan wani ra'ayi a muhawara, ko ya rubuta wasiƙar neman aiki, kowanne da irin tasa shimfiɗa da sakin layi da rufewa. Bahaushe gwani ne wajen magana, amma magana tana da abin jingina: fuska da hannu da murya da damar maimaitawa idan ba a gane ba. A takarda duk babu waɗannan. Aikin littafin insha'i shi ne ya koya wa mai baki yadda zai yi magana da wanda ba ya ganin sa.

Sannan ga ƙa'idojin rubutu. Tun daga Hanns Vischer, Ɗan Hausa, da ya shimfiɗa dokokinsa a 1912, zuwa Hukumar Harshen Hausa ta 1955, zuwa taron Bamako na 1966 da wanda cibiyar Kano ta shirya a 1972 da na Yamai a 1980, an yi ta zama ana tashi a kan inda za a raba kalma da inda za a haɗa. Amma shawarar taro ba ta zama ɗabi'ar mai rubutu sai ta bi ta aji. Littafin makaranta ne yake nuna wa yaro cewa “akan yi” dabam “a kan tebur” dabam, cewa wanda ya rubuta “suma sun zo” alhali yana nufin “su ma sun zo” ya kawo gashin kai ko faɗuwa cikin zancen da babu su, cewa lanƙwasar da ke kan baƙi ita ce ta raba ƙafa da kafa. Ƙananan abubuwa ne a ido, amma a kansu ake cin jarrabawa ko a faɗi, kuma da su ne Basakkwace da Bahaɗeje da Bazazzagi suke rubutu iri ɗaya ko da yake ba sa furuci iri ɗaya.

Haka zancen yake ga kalmomin nazari. Baƙi da wasali an gaje su daga makarantar allo. Sauran kuwa, irin su aikatau da bayanau da wakilin suna a nahawu, da jigo da salo da zubi da tsari a adabi, aikin gayya ne na masana da dama, cikinsu har da M. K. M. Galadanci da Ɗalhatu Muhammad da Ɗangambo, kuma an tattara da yawansu a ƙamusun keɓaɓɓun kalmomi da Ɗalhatu Muhammad ya tace aka buga a 1990. Wasu an ɗauko su ne daga rayuwar yau da kullum. Jigo, alal misali, itacen nan ne da masu lambu suke kafawa a bakin rijiya suna ɗebo ruwa da shi, sai aka ara wa babban saƙon da labari ko waƙa ta rataya a kansa. Ba Ibrahim Yaro ne ya ƙirƙiro su duka ba, amma littattafansa suna cikin manyan hanyoyin da suka fitar da su daga ɗakin taro suka kai su bakin malaman ƙauye.

Hausa a Rubuce

Littafin da aka fi sanin sa da shi a jami'a shi ne Hausa a Rubuce: Tarihin Rubuce-Rubuce Cikin Hausa, wanda NNPC ta buga a 1988. Muhimmancinsa ya faro ne daga inda ya ɗauko zaren labarin. Mai karatun da ya tashi a makarantar boko yana iya zaton rubutun Hausa ya fara ne da gasar 1933. Wannan littafi ya koma baya zuwa shigowar Musulunci da rubutun ajami, ya bi ta kan waliyyan Katsina na ƙarni na goma sha bakwai, Ɗan Marina da Ɗan Masani, ya zo kan Shehu Usmanu Ɗanfodiyo da ƙanensa Abdullahi da 'yarsa Nana Asma'u da sauran masu jihadi da suka yi wa jama'a wa'azi da waƙoƙin Hausa. Bayan nan ne ya kawo Turawa 'yan leƙen asiri da 'yan mishan irin su Schön, sannan hukumomin talifi na zamanin mulkin mallaka da kamfanonin ɗab'i, da marubuta da littattafansu. Da wannan tsari boko ya zama babi ɗaya cikin dogon tarihi. Kuma duk da Hausa aka yi bayanin, abin da shi kansa hujja ce cewa harshen zai iya ɗaukar tarihin kansa.

A ganina ƙarfin littafin yana wajen tattarawa da jerantawa. Ya fi kusa da kundin ajiya fiye da littafin tarke, domin ba kasafai yake tsayawa ya ce wannan marubuci ya fi wancan ba, ko ya nuna inda wani ya gaza. Wannan ba aibi ba ne ga aikin da ya zama na share fage. Aibin yana wurinmu masu amfani da shi. Duk wanda ya taɓa duba kundayen ɗalibai na neman digiri ya san yadda babin bitar ayyukan da suka gabata yake farawa da “Yahaya (1988)”, a kwafo shafi biyu ko uku, a wuce, ba tare da an koma ga littattafan da ya ambata an ga ko akwai abin ƙari ba. Irin wannan cuta ta kama kalmomin nazarin ma: jigo, warwarar jigo, zubi da tsari, salo, a jera su kamar ana cike fom, ko wane irin littafi ne a gaban ɗalibi.

Wani abin lura kuma shi ne lokacin da littafin ya fito. A daidai shekarun da yake rufe tarihinsa, matsin tattalin arziki da shirin SAP na 1986 sun durƙusar da manyan kamfanonin ɗab'i, matasa kuma suka shiga buga nasu littattafai da kuɗin aljihunsu. Talatu Wada Ahmed ta fitar da Rabin Raina, Balaraba Ramat Yakubu ta fitar da Budurwar Zuciya a 1987, Ado Ahmad Gidan Dabino ya biyo da In Da So Da Ƙauna a farkon shekarun 1990. Wannan guguwa da aka laƙaba wa suna Adabin Kasuwar Kano ta jawo zazzafar muhawara a jaridu, malamai da dama suna kukan cewa marubutan ba su san ƙa'idar rubutu ba. Kukan yana da tushe. Amma masu sayen waɗannan littattafai, musamman mata, su ne yaran da suka koyi karatun Hausa a firamare bayan 1976. Littattafan aji ne suka samar da kasuwar, ko da yake abin da kasuwar ta haifa ba shi ne malamai suka yi tsammani ba.

Allah ya yi wa Ibrahim Yaro rasuwa a 1995 yana da shekara hamsin da ɗaya, Allah ya jiƙansa. Bai ga fitowar Ƙamusun Hausa na Jami'ar Bayero ba, wanda yake bayanin kalmomin Hausa da Hausa, domin sai a 2006 cibiyarsa ta fitar da shi.

Ɗalibin da ke Agege

Akwai wani mai karatu da manhajar da aka zartar a Legas ba ta yi tanadinsa sosai ba, alhali yana zaune a bayan gidan masu zartar da ita. Hausawa sun daɗe a Ikko. Tun a 1863 Gwamna Glover ya kafa rundunar da aka riƙa kira da sunansu, daga baya kuma aka zaunar da irin waɗannan sojoji a Obalende. Da hanyar jirgin ƙasa ta ratsa Agege, ta isa Kano a 1911, manoman yankin kuma suka dasa goro, sai fataken da a da suke dogon tafiya zuwa Gwanja suka sami kusa, suka kafa zango. Zangon Agege ya bunƙasa har ya yi sarkinsa, ga mahauta da dillalan shanu a Oko-Oba, ga 'yan gwari a kasuwar Mile 12, ga jama'ar Idi-Araba.

Yaron da aka haifa a irin waɗannan unguwanni yana jin Hausa a gida, Yarabanci a layi, buroka a kasuwa, Turanci a aji, Larabci a Islamiyya. Manufar ilimi ta kasa shi gida biyu: ko dai mai harshen uwa da ke zaune cikin 'yan'uwansa, ko kuma baƙon harshe da zai fara daga gaisuwa. Shi kuwa ba ya cikin ko ɗaya. Yana magana da Hausa sarai, amma yana iya girma bai taɓa ganin ƙa mai lanƙwasa a allon makaranta ba. Manufar ma da kanta ta ɗora koyar da harshe na biyu a kan sharaɗin samun malamai, malaman kuma ba su wadata ba, abin da ya sa aka kafa cibiyar horar da malaman harsunan Nijeriya a Aba a 1993. A 2018 Jihar Legas ta yi dokar da ta wajabta koyar da Yarabanci a makarantunta, wanda haƙƙinta ne. A 2022 gwamnatin tarayya ta amince a koyar da harshen uwa a shekaru shida na firamare, sai kuma a Nuwamban 2025 ministan ilimi ya ba da sanarwar soke wannan manufa da komawa ga Turanci.

Idan littafin Ibrahim Yaro ya faɗa hannun irin wannan yaro, zai ba shi daidaitacciyar Hausa da zai rubuta wa dangi a Kano ko Katsina su karanta ba tangarɗa, zai kuma nuna masa dandalin da iyayensa suka yi wasa a ciki. Abin da ba zai samu a ciki ba shi ne tasa rayuwar, domin an rubuta littattafan ne da idon wanda ke zaune a ƙasar Hausa, inda hawan salla da kaka da gayya abubuwa ne da yaro ya gani da idonsa. Ɗan Agege da aka ce ya siffanta hawan daushe sai dai ya haddace na wani ya zuba. Da za a ce ya siffanta yadda ake sauke buhunan albasa daga tirela da asuba a Mile 12, ko yadda ake zaɓen goro a jera shi a huhu a lulluɓe da ganye, ko yadda kakarsa take ciniki da Bayarabiya kowace tana cusa kalmomin 'yar'uwarta cikin nata harshe, da ya cika shafi uku kafin a kaɗa ƙararrawa.